Littafin da ya hana ni barci

Wajen masu baza tsofaffin littattafai a Samaru na tsince shi, bangon duk ya yage, tarihin Michael Collins ne, ɗaya daga cikin jagororin gwagwarmayar 'yancin ƙasar Ayalan. Wallahi kwana uku ina fama da shi, ko an ɗauke wuta sai na haska fitilar waya.

Daga boren Ista na 1916, wanda 'yan Ayalan suka yi wa mulkin Ingila, labarin ya kama ni, yadda Turawan Ingila suka harbe shugabannin a gidan yarin Kilmainham, shi James Connolly ma raunin da ya ji ya sa ba ya iya tsayuwa, ɗaure shi suka yi a kujera suka harbe. Nan fa na ajiye littafin na yi shiru, boren Satiru da Turawa suka murƙushe a ƙasar Sakkwato ya faɗo min a rai.

Amma abin da ya fi ci min rai ƙarshen Collins ne, ya sa hannu a yarjejeniyar 1921 wadda ta bar gundumomi 6 na arewa a hannun Ingila, su De Valera, abokin gwagwarmayarsa, suka ce ba su yarda ba, yaƙin basasa ya ɓarke, a 1922 'yan ƙasarsa suka yi masa kwanton ɓauna a gundumar Cork suka kashe shi yana shekara 31 kacal. Yanzu tarihin De Valera nake nema, ina son jin ta bakin ɗaya ɓangaren.