PSP ba ta ƙwallo kaɗai ba ce: abin da ke cikin rumbun wasanninta da abin da ke hana a kai gare shi

Duk wanda ya saba duba katin PSP (PlayStation Portable, na'urar wasan bidiyo ta hannu) na mutane, ko wayar da aka saka wa PPSSPP, manhajar da ke buga wasannin PSP a waya, ya san abin da zai tarar tun kafin ya buɗe: PES, GTA, God of War, sai wataƙila Tekken. Daga nan shi ke nan. Alhali na'urar nan da Sony ta fitar a Japan a Disamban 2004, ta kai Amurka a Maris 2005, Turai kuma a Satumban wannan shekarar, ta yi shekara goma ana yi mata wasanni. An sayar da wajen miliyan 80, kuma wasanninta sun haura dubu nesa ba kusa ba. Sai dai yawan da ke rubuce daban, wanda zai iso hannunka daban. Samfurin da ka riƙe, da yankin da aka buga wasan, da harshen da ke cikinsa, su ne ke yanke maka rabonka.

A fara da samfuri, domin nan ake yawan yin asara a wajen masu gwanjo. PSP-1000 ita ce ta farko, mai kauri, RAM ɗinta, wato ma'ajiyar wucin gadi da take aiki da ita, MB 32. PSP-2000 ta 2007 da PSP-3000 ta 2008 an ninka musu zuwa MB 64, kuma suna amfani da ƙarin wajen riƙe abin da suka karanto daga faifai, shi ya sa lodinsu ya ɗan fi sauri. Waɗannan ukun duk suna cin UMD, ɗan ƙaramin faifan da wasannin PSP ke zuwa a kai, suna da Wi-Fi, babu ƙofar da aka rufe musu. PSP Go ta 2009 ba ta da gurbin faifai kwata-kwata, GB 16 aka gina mata a ciki, katinta ma wani iri ne daban da ake kira M2. Matsalar ita ce ba kowane wasa aka taɓa sayarwa ta intanet ba. Crisis Core: Final Fantasy VII da Kingdom Hearts Birth by Sleep, biyu daga cikin manyan wasannin na'urar, a faifai kawai suka fito, don haka mai Go ba shi da hanyar sayen su. Ita kuwa E1000 ta 2011, wadda aka yi wa kasuwar Turai da araha, tana cin faifai amma an cire mata Wi-Fi. Wanda ya saye ta don su riƙa karawa da abokai ya yi sayen banza, domin ta Wi-Fi ne PSP biyu ke ganin juna ko da suna kan tabarma ɗaya.

Wasannin PSP ba su da kullen yanki. Faifan Japan zai tashi a na'urar Turai lafiya lau. Finafinan UMD ne kaɗai aka kulle. Amma kowane bugu yana da lambarsa, kuma lambar tana da aiki. ULUS da UCUS na Amurka ne, ULES da UCES na Turai, ULJM da ULJS da UCJS na Japan. Da wannan lambar ake sa wa foldar ajiyar wasa suna a cikin PSP/SAVEDATA, saboda haka ajiyar da aka yi a bugun Turai ba za ta bayyana a bugun Amurka ba, ko da wasa ɗaya ne. Mutum ya yi wata biyu yana bugawa, ya canza kwafi, ya ga an mayar da shi farko, ya ɗauka katinsa ne ya lalace. Haka ma wajen haɗa na'urori: wasanni da yawa ba sa yarda bugun wani yanki ya haɗu da na wani yankin a buga tare. Idan za a kara, kowa ya duba lambarsa tukuna. Ga 'yan uwa na Nijar da Kamaru da Chadi, bugun Turai ya fi dacewa, domin galibi yana ɗauke da Faransanci, kuma wasanni da dama suna bin harshen da aka saita wa na'urar ne kai tsaye.

Kaso mai tsoka na rumbun nan bai taɓa barin Japan ba. Can ne PSP ta yi tsawon rai, bayan kasuwarta ta yi sanyi a Amurka da Turai. Monster Hunter Portable 3rd ya fito a Disamban 2010, ya sayar da fiye da kwafi miliyan 4, amma ba a fassara shi a hukumance a kan PSP ba. Final Fantasy Type-0 na 2011, mai faifai biyu, da Valkyria Chronicles 3, su ma haka. Bayan su akwai tarin wasannin labari waɗanda karatu ne zalla da zaɓin amsa, wanda bai iya Japananci ba ba abin da zai tsinta a ciki. Wasan tsere ko na faɗa kam ana iya lallaɓawa da shi ba tare da harshe ba, da sharaɗin a tuna cewa a bugun Japan da'ira ce "na yarda", gicciye kuma "koma baya", akasin yadda aka saba. Wannan ɗan bambancin ya isa ya sa mutum ya goge ajiyarsa da hannunsa.

To, a cikin abin da ake iya bugawa fa, wanne ne ya cancanci wuri a kati? A nan ya kamata a raba wasannin gida biyu: waɗanda aka tsara don PSP, da waɗanda aka matso daga PlayStation 2 aka cusa mata. Abin da ya raba su maɓallin analog ne, wanda ake murzawa da babban yatsa zuwa kowane ɓangare. PSP guda ɗaya tak gare ta, a hagu, kuma ba ta da L2 da R2, ƙarin maɓallan kafaɗa da PlayStation 2 ke da su. Duk wasan da ke buƙatar yatsa ɗaya na tafiya, ɗaya na juya kyamara, sai an yi masa kwaskwarima. Wasannin harbi sun fi shan wahala, domin yawanci maɓallan dama huɗu ake mayarwa abin saiti, kuma ba su da laushin analog. 'Yan Monster Hunter har wani riƙo suka ƙirƙiro: babban yatsa a kan analog, manuniya a lanƙwashe a kan maɓallan kibiya tana juya kyamara. Yana aiki, amma bayan awa guda hannu zai faɗa maka. God of War: Chains of Olympus na 2008 da Ghost of Sparta na 2010 sun tsira ne saboda kyamararsu ita ke bin ka da kanta. GTA: Liberty City Stories da Vice City Stories kuma sun dogara da saitin da ke kama abokin gaba da kansa.

Inda na'urar ta fi nuna kanta, a ganina, shi ne ƙananan wasannin da ba a cika kallo ba. LocoRoco na 2006 kusan da L da R kawai ake buga shi, kana karkata duniyar wasan hagu da dama. A Patapon, maɓallan dama huɗu ganguna ne, da kiɗa kake ba rundunarka umarnin tafiya ko hari ko kare kai, idan ka kuskure kari sai su tsaya cirko-cirko. Lumines, wanda ya fito tare da na'urar, jera tubala ne bisa bugun sauti. Ba ɗayansu da ya nemi abin da PSP ba ta da shi, kuma fayilolinsu ba su da nauyi. Sai wasannin dabara da na dogon labari, irin su Final Fantasy Tactics: The War of the Lions, Tactics Ogre: Let Us Cling Together da Persona 3 Portable, waɗanda kowanne zai ci sa'o'i gommai. Sun dace da na'urar hannu saboda ana iya tura makunni sama a sa ta barci a tsakiyar yaƙi, a dawo a ci gaba daga daidai wurin. Metal Gear Solid: Peace Walker na 2010 an yayyanka shi gajerun ayyuka saboda wannan dalilin. Gran Turismo na 2009 yana da motoci sama da 800, sai dai ba shi da tsarin hawa mataki-mataki irin na 'yan uwansa na PlayStation ta gida, wanda ya zo da wannan tsammanin zai ji an rage masa mudu.

Batun ƙwallo yana buƙatar gyara guda. PES 2014 da FIFA 14 su ne na ƙarshe da suka fito a PSP. Duk wani "sabon PES" mai shekarar bana da ake turawa a waya, tsohon wasa ne masu sha'awa suka canza wa riguna da sunaye da fuskoki. Injin wasan bai motsa ba. Shi ya sa wani lokaci suke zuwa da folda biyu ko uku, ta hotuna da ta ajiya, kuma idan aka ajiye ɗaya a inda bai dace ba sai 'yan wasa su fito da tsofaffin sunaye ko allo ya yi baƙi.

Ban da faifai, akwai wasannin PlayStation ta farko da aka sayar ta shagon intanet, da ƙananan wasannin da ake kira Minis da aka fara a 2009, waɗanda ba a yarda su wuce MB 100 ba. Shagon da ke cikin PSP ɗin kanta an rufe shi tun 2016. Ko haɗa ta da intanet ma yanzu aiki ne, domin ba ta san WPA2 ba, tsarin tsaron da yawancin rawuta da wayoyin yau ke amfani da shi.

UMD mai shimfiɗa ɗaya yana ɗaukar MB 900, mai biyu GB 1.8. Rauninsa kwanson roba ne: farar tagar da ke samansa tana ɓallewa ta danna faifan, sai ka ji ƙara kamar ana niƙa, wasa ya tsaya a lodi. Gefen da ake karantawa kuma a buɗe yake ba murfi, ƙurar hunturu tana shiga kai tsaye. Kafin a zargi idon na'ura, a gwada faifai na biyu. Wasu wasannin, kamar Monster Hunter Freedom Unite, suna ba da damar kwafe wani ɓangare zuwa kati, abin da ke rage lodi da wahalar injin. Masu juya faifansu zuwa fayil ɗin ISO, wato cikakken kwafin faifan a kan kati, kuwa sai da gyararriyar manhaja, ta Sony ba ta karanta shi. Ta ƙarshe da kamfanin ya fitar ita ce 6.61. Matse fayil zuwa CSO yana rage girma, amma wasan da ke karanto gari yana cikin tafiya, irin GTA, zai riƙa sarƙewa, titi ya ɓace a gaban mota. Irin waɗannan a bar su a ISO, a matse masu ɗan nauyi.

Katin asali Memory Stick PRO Duo ne, yau kuwa kusan kowa microSD yake sakawa a cikin adafta. Idan kowane wasa ya kai GB ɗaya, katin GB 32 zai ɗauki kusan talatin. A yi masa fomat a cikin PSP ɗin don ta gina foldodinta da kanta. Jabun kati yana nuna girman da ba shi da shi, yana karɓar fayil ba gardama, sai an wuce ainihin iyakarsa sannan abubuwa su fara lalacewa. Gwajinsa shi ne a cika shi taf a kwamfuta, a sake buɗe fayilolin farko da na ƙarshe a gani. Batir ma a duba: na PSP-1000 ƙarfinsa mAh 1800 ne, na PSP-2000 da PSP-3000 kuma 1200, kuma wasa mai nauyi irin Chains of Olympus, da ke tuƙa na'urar da gudun MHz 333 maimakon 222, ya fi saurin shanye shi. Idan murfin baya ya fara tasowa ko ya ƙi rufuwa, batirin ya kumbura, a cire shi nan take kada a sake sa masa caji.