Dokar kashi 80 da kafar da ta bari a inshorar lafiya ta Amurka

Dokar lafiya ta 2010, wadda ake kira Obamacare, ta sa wa kamfanonin inshora linzami. Daga kuɗin da suke karɓa, dole kashi 80 cikin ɗari ya tafi ga jinya da inganta kulawa idan masu inshorar ɗaiɗaiku ne ko ƙananan ma'aikatu, kashi 85 kuma idan manyan ma'aikatu ne. Kamfanin da ya gaza, sai ya mayar da rarar.

Tsari ne mai kyau, amma ya bar kafa. Ya ƙayyade ribar inshora, bai taɓa ribar likita ko ta harkar magani ba. Kamfanin UnitedHealth Group shi ke da UnitedHealthcare mai sayar da inshora, shi ke da Optum mai likitoci da ɗakunan shan magani da sashen cinikin magunguna. Idan ɓangaren inshora ya biya Optum, a takarda kuɗin jinya ne, alhali bai bar gida ba. Nan ne ya kamata masu sa ido su zura ido: shin farashin da ake biyan ɗan gida daidai yake da na bare?

Haɗewar kamfanonin inshora kishiyoyi ta fi irin wannan haɗin sauƙin tarewa. A 2017 kotuna sun hana Aetna haɗiye Humana, sun hana Anthem sayen Cigna. Amma a 2022 Ma'aikatar Shari'a ta sha kaye a ƙarar hana UnitedHealth sayen Change Healthcare, kamfanin da ke sarrafa takardun neman biya tsakanin asibitoci da kamfanonin inshora. Da masu kutse suka afka wa Change a Fabrairun 2024, biyan asibitoci da kantunan magani ya gamu da babban tsaiko a faɗin ƙasar, domin bututu ɗaya da yawansu suka dogara da shi.