Agogon bango a fim ɗin Kunku da yadda ya gyara min kunne

Shekara huɗu na yi ina tace sautin fina-finan Hausa a wani ɗan ɗaki a Kano, kuma hannuna ya saba da abu guda: da zarar jaruma ta sunkuyar da kai za ta yi kuka, sai in jawo kiɗan sarewa mai ban tausayi in shimfiɗa mata. Ban taɓa tambayar kaina wa ke busa sarewar a cikin ɗakin ba. Haka na tarar ana yi.

Maigidana da na koyi aiki a hannunsa shi ya ba ni wani tsohon fim ɗin Indiya marar kala, ya ce in kalla da kunnena. Fim ɗin V. Shantaram ne na 1937, daga kamfanin Prabhat da ke birnin Pune. Sau biyu aka yi shi: da harshen Marathi sunansa Kunku, da Hindi kuma Duniya Na Mane. Mu da muka tashi da fina-finan Indiya masu rawa da waƙa a lambu, ban san suna da irin wannan ba tun zamanin kakanninmu.

Labarin ba baƙo ba ne a wurinmu. Marainiya ce aka yaudara aka aurar wa wani tsohon lauya, Kakasaheb, wanda matarsa ta rasu, yana da 'ya'ya sa'anninta. Yarinyar, wadda Shanta Apte ta fito a matsayinta, ta tare a gidan amma ta ƙi yarda ya kusance ta, ta tsaya kai da fata cewa zalunci aka yi mata. Kunku shi ne jan ɗigon da matar aure ke sawa a goshi muddin mijinta na raye.

Abin da ya ɗaure min kai shi ne sautin. Keshavrao Bhole, wanda ya kula da kiɗan, bai zuba kiɗa daga sama ba. Abin da ka ji, daga cikin gidan ko unguwar yake fitowa: garmaho, kayan girki, masu waƙa a titi. Sai kuma agogon bango na tsohon, mai lilo, yana ta ƙas-ƙas. Keshavrao Date ya fito a tsohon, yana rina gashinsa a gaban madubi don ya koma saurayi, agogon kuma yana ƙirga masa kwanakin da suka rage. Ban ji haushinsa kaɗai ba, har tausayinsa na ji, kuma ba wanda ya tura ni da kiɗa. A ƙarshe ya gane laifinsa, ya goge jan ɗigon daga goshinta da hannunsa, ya bar mata wasiƙa cewa ta sake aure, sannan ya kashe kansa. Wannan ƙarshen bai kwanta min ba, domin bai kamata a ce sai rai ya salwanta kafin a saki yarinya ba. Amma shirun da ya biyo baya ya daɗe a ƙirjina.

Bayan mako biyu aka kawo min wani fim, akwai wurin da uwa ke sanar da 'yarta an tsayar da ranar aurenta. Na riga na ɗora sarewar, sai na cire ta. Na bar ƙarar fanka, da ludayin da uwar ke juyawa a ƙwaryar fura, da kiran sallar la'asar can nesa. Darakta ya saurara, ya ce wurin ya yi fayau, masu kallo za su ɗauka sauti ne ya yanke. Muka yi ta ja har magariba. Ya mayar da kiɗansa a wasu wurare uku da na cire shi, ya bar min wannan ɗaya, kuma a nan ne ake jin yarinyar ta haɗiye yawu kafin ta ce to, Inna.