Tarihin Rayuwata, Kashi na 9: Memorin da ke cikin hula

A makon jiya na tsaya a inda aka ɗauke ni mai bincike a wani shirin dokumentari kan yara da wayar hannu. Ba ni ke riƙe kyamara ba. Nawa shi ne nemo yaran, neman izinin iyayensu, da yin tafinta.

Shekarar 2013 ce. Kano ba ta gama farfaɗowa daga harin 20 ga Janairun 2012 ba, ga shi an hana acaɓa bayan harin da aka kai wa ayarin Sarki Ado Bayero. Ka fito da kyamara a titi, idanu su yi maka caa. Saboda haka a Adaidaita Sahu muke yawo, kyamara cikin jakar bakko kamar masu cefane.

Shugaban shirin ya zo da labarinsa a aljihu: waya tana lalata yara. Ni ma, in faɗi gaskiya, haka na ɗauka.

A kasuwar waya ta Farm Centre, wajen masu tura finafinai da waƙoƙi daga kwamfuta, na ga wani almajiri da bai wuce shekara 12 ba. Ya cire hularsa, ya zaro wani ƙullin leda daga cikin naɗinta, ya kwance shi a hankali kamar mai kwance laya. Memori ne.

Na ce, "Samari, ina wayar?"

Ya ce, "Yallaɓai, ai ba ni da waya. Da daddare wani gardi yake ara mini tasa, ni kuma in ɗebo masa ruwa."

Wannan ne abin da duk tambayoyin da muka rubuto ba su hango ba. Muna ta ƙidayar yara masu waya, alhali da yawansu memori kawai suka mallaka, wayar ta aro ce. Da mai turin ya buɗe, sai ga karatun Alaramma Ahmad Sulaiman izu biyu, da shi yaron yake gyara haddarsa, sai resilin, sai fim ɗin Indiya. Can ƙasa akwai wata murya ta minti ɗaya da 'yan kai. Mahaifiyarsa ce, wani ɗan garinsu ya naɗo masa, tana cewa ya riƙa rufa da zane don sanyi ya kusa. Ya gargaɗi mai turin har sau biyu kada ya goge ta.

Shugaba ya ce a ɗauka nan take. Na ƙi. Da muka je neman izini wajen malamin yaron, sai ya ce, "Amana aka ba ni in koya masa karatu, ba a ba ni fuskarsa in nuna wa duniya ba. Ku je ku tambayi ubansa."

Uban yana wani ƙauye bayan Damagaram. Mako mai zuwa zan ba ku labarin yadda muka kwana a iyakar Maimujiya.