Littafin da gidanmu bai rubuta ba

A unguwar Birni, ba nisa da fadar Sarkin Damagaram, akwai wani tsohon gidan ƙasa da ake nuna wa baƙi, ana ce musu nan ne Bature Heinrich Barth, wanda mutanen ƙasashen nan suka sani da Abdulkarim, ya sauka sa'ad da ya iso Zinder a ƙarshen shekarar 1852. Tun ina yaro nake bi ta ƙofar gidan, amma ban taɓa tambayar wanda ya ɗora wa baƙon tukunya ko ya ɗaure masa raƙuma ba, sai da na girma na ji cewa a cikin barorinsa akwai wani yaro ɗan ƙasar nan mai suna Dorugu, wanda labarin rayuwarsa yana cikin tsofaffin rubuce-rubucen Hausar boko da aka buga a duniya.

An haifi Dorugu a Dambanas, wani ƙauye a wajen Kance. Yana ƙarami mahara suka kama shi, aka yi ta sayar da shi daga hannu zuwa hannu har ya faɗa Kukawa, inda Overweg, abokin tafiyar Barth, ya fanshe shi. Da Overweg ya rasu a 1852 sai yaron ya bi Barth har Tambutu, suka komo, suka ƙetare hamada zuwa Tarabulus, a 1855 ya taka ƙasar Ingila. A can ne wani malamin mishan mai suna Schön ya zaunar da shi, yana faɗa ana rubutawa, labarin kuma ya fito a 1885 cikin littafin Magana Hausa. Dorugu ya dawo Afirka daga baya, ya rasu a Kano a 1912. Ranar da na fara karanta labarinsa, abin da ya kama ni shi ne ƙanƙantar abubuwan da ya riƙe: gona, yunwa, tsoron yaron da aka raba da iyayensa, da mamakin yadda Turawa ke zama cin abinci. Ba ya bayanin daula, ba ya lissafa sarakuna, amma a bakinsa na fara jin yadda zamanin nan ya kasance ga wanda ba ya bisa doki.

Na faɗi haka ne ba don in rage darajar littattafan tarihi ba. Duk ɗan Damagaram da ya yi lakwal yana da bashin André Salifou a wuyansa, ɗan garin nan da jami'armu ke ɗauke da sunansa yau, wanda ya wallafa bincikensa a kan masarautar Damagaram ta ƙarni na 19 a shekarar 1971. Ta hanyar irin aikinsa muka san Sarki Tanimun da ganuwar da ya kewaye birni da ita da igwar da aka ƙera a cikin gari, muka san Sarki Amadu Kuran Daga, da kashe Bafaranshe Kyaftin Cazemajou a 1898, da yaƙin Tirmini na watan Yuli 1899 wanda ya buɗe wa Faransawa ƙofa, har zuwa 1926 da aka ɗauke babban birnin ƙasa daga nan aka mayar Yamai. Wannan shi ne ƙashin bayan labarinmu. Sai dai idan marubucin tarihi ya ce sarki ya fita yaƙi ya dawo da ganima, jimla guda ce a wurinsa, alhali a cikin ganimar nan akwai ƴaƴan mutane, kowannensu da sunan da uwarsa ke kiransa da shi.

Ɗaya daga cikin waɗannan yara ita ce mahaifiyar kakata ta wajen uba. Kakata ba ta san shekarar haihuwarta da lissafin Nasara ba, takan ce dai an haife ta bayan Kakalaba da damina biyu, wato babbar yunwar 1913 zuwa 1914, kamar yadda iyayenmu ke auna shekaru da yunwar El Buhari ta 1984. Ina tuna ta a bakin ɗakinta bayan sallar isha'i, da ƴar fitilar ƙwai a gefe, tana ɓare gyaɗa a faifai, in na shigo ta ce, “Maigidan, yau ma hannu rabbana ka zo mini?” Wani dare, ba tare da na tambaya ba, ta ce mini tsagen fuskar uwarta ya sha bamban da na dukan matan gidan, domin daga kudu aka zo da ita tana ƴar shekara bakwai ko takwas, a bayan dokin wani bafade, kuma har ta koma ga Allah idan ta ji sukuwar dawaki sai ta shige ɗaka ta ja ƙyaure. Ta faɗi sunan garin da aka ɗauko ta, ta rera mini wata gajeriyar waƙar daka da ta ce ta can ce. Ina da kaye da bik, wato littafin rubutu da alƙalami, a cikin jakata a daren nan, ban fito da su ba, don na ɗauka akwai gobe. Ta rasu ina karatu a Yamai, sunan garin kuma ya ɓace mini.

Shekaru da yawa bayan haka, da na ce zan tattara labarin gidanmu in mai da shi littafi, sai na tarar da katangar da ban yi zato ba. Gwaggona, wadda ita ce babba a cikin waɗanda suka rage, ta saurare ni har na gama, sannan ta ce, “Ɗana, ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Kana da ƙanne mata da ba su yi aure ba, ka kuwa san abin da ake bincike in an zo neman aure.” Na san gaskiya ta faɗa. An haramta bauta a dokar Nijar, an ma sa ta cikin manyan laifuffuka tun 2003, amma kalmar asali tana nan da nauyinta a zaure, kuma akwai gidajen da har gobe za su fasa magana saboda abin da ya sami wata yarinya fiye da shekara ɗari da suka wuce. Abin da ya fi ci mini rai shi ne yadda kunyar ta sauka a kan zuriyar wadda aka sace, ta tsallake zuriyar wanda ya yi satar. Ina ganin wannan ne babban dalilin da ya sa littattafan tarihin iyali suka yi ƙaranci a wurinmu, ya fi rashin maɗaba'a da tsadar takarda ƙarfi.

Akwai wani abu na biyu da ake rufewa, shi ne al'adun kakanni na kafin Musulunci ya game ƙasa. A gidaje da yawa akwai tsohuwar da ta san ganyen da ake ba mai jego, da ranar da ba a shiga daji, da abin da ake yi a gindin wata tsamiya kafin shuka, amma jikokinta ba sa son a ji cewa gidansu ya taɓa haɗa hanya da bori ko da al'adun Azna. Ni Musulmi ne, kuma ban ga yadda rubuta abin da kakana ya yi zai zama komawa gare shi ba. Malamanmu na dā sun rubuta labarin zamanin jahiliyyar Larabawa da waƙoƙinsa, suka koyar da su a zaure, imaninsu bai ragu ba.

A nan ne na fahimci amfanin ƙagaggen labari. Abdoulaye Mamani, wanda ya yi siyasar jam'iyyar Sawaba a garin nan kafin ya sha gudun hijira, ya ɗauki labarin Sarauniya Mangu ta Lugu, wadda ta tsaya wa rundunar Faransa ta Voulet da Chanoine a 1899, ya gina littafinsa Sarraounia da ya fito a 1980. Med Hondo ya mai da shi fim a 1986, fim ɗin ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka na Wagadugu, a 1987. Mace, ba Musulma ba, daga wani ƙaramin gari na ƙasar Arewa ta wajen Dogon Dutsi, ta zama sunan da kowane ɗan lakwal a Nijar ya sani, kuma littafi ne ya yi wannan aiki. Mamani ya rasu a hatsarin mota a 1993 a kan hanyarsa daga Zinder zuwa Yamai, Allah ya jiƙansa. Abin da nake jan hankalin matasa a kai shi ne su tuna cewa marubucin ƙagaggen labari yana da izinin cike gurbi da tunaninsa, don haka kada a ɗauki kowace magana da ya sa a bakin sarauniya a matsayin abin da aka ji da kunne. Amma wannan izinin shi ne kuma mafitar mutum irina, domin abin da ba zan iya faɗa da sunan gidanmu ba, ina iya ɗora shi a kan wata yarinya da na raɗa wa suna, in bar mata tsagenta da tsoron dawakinta.

Kakata ba ta taɓa kiran kanta ƴar Nijar ba a gabana. Ƙasashen da ke bakinta su ne Damagaram da Kano da Borno da Abzin, kuma iyakar da Faransa da Ingila suka ja a tsakaninmu da Daura ba ta shiga lissafinta ba. Mu da aka haifa bayan 1960 da tutar ƙasa muka tashi, muna kuma ƙaunarta, amma idan aka tone gida ɗaya a Birni ko a Zango za a tarar da Babarbare da Bahaushe da Buzu da Bafillace a cikin jini ɗaya, gidan sarautar garin ma daga Borno tushensa yake. Littafin da zai gaya wa ɗan Nijar ko shi wane ne dole ya bi ta cikin irin waɗannan gidaje. Tun da aka ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa a 2025 nake jin ana murna, ni ma na yi, sai dai in ka zaga wurin masu sayar da littattafai a kasuwa, yawancin na Hausa daga Kano aka kawo su, abin da ƴan ƙasarmu suka rubuta a kanmu kuwa mafi yawansa da Faransanci yake, harshen da Gwaggona ba ta ji.

A watan da ya wuce na koma wurinta da goro da turmin atamfa, na ce mata na bar maganar sunaye, labari zan ƙaga, ba wanda zai gane gidan. Ta daɗe tana murza carbi ba ta ce komai ba. Can ta ce, “To, ɗauko takardarka.” Sunan garin ita ma ya kuɓuce mata, ta dai tuna cewa akwai rijiya mai baki biyu a ƙofarsa, da kasuwa da ke ci ranar Laraba. Waƙar dakan kuwa tana nan a bakinta, baiti uku, ta rera su a hankali tana buga tafin hannu a cinya kamar saukar taɓarya, na sa ta maimaita sau huɗu har na rubuta su daidai. Mun cika shafi shida kafin a kira magariba, ta miƙe ta ɗauki buta, ta ce in dawo ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, in zo da ƙanwata ita ma ta ji.