Broken Hill, mahaifar Chips Rafferty

Jirgin ƙasan da ke zuwa Broken Hill daga Sidni, a ƙasar Ostireliya, ran Litinin kaɗai yake tashi, da sassafe, sai dare ake sauka. Tafiyar ta haura kilomita 1,100. Da muka wuce Parkes gonakin alkama suka fara janyewa, ƙasa ta rine ja, ba ka ganin komai sai gajerun tsirrai da kangaru da ke tsalle su bar gefen layin dogo. Da muka isa aka ce mu mayar da agogo baya da rabin awa, don garin yana jihar New South Wales amma lokacin Adelaide, babban birnin jihar South Australia, yake bi.

Garin ma'adinai ne tun kafuwarsa. Nan kamfanin haƙar ma'adinai na BHP ya samo asali a 1885, har tituna ma sunayen ma'adinai suka ci: Argent, Oxide, Sulphide. A tsakiyar gari ga tulin ɓaraguzan haƙa ya zama tsauni, a kansa an rubuta sunayen ma'aikata sama da 800 da rami ya ci.

Ni dai Chips Rafferty, ɗan wasan fim, ne ya kawo ni. A nan aka haife shi a 1909, sunansa na yanka John Goffage. Kafin fim ya yi korar shanu, ya yi askin tumaki, ya yi haƙa, bai tsaya gaban kyamara ba sai da ya kai shekara talatin. Dogo ne siriri, ga magana a sanyaye, shi ya sa masu shirya fim suka maishe shi fuskar mutumin dajin Ostireliya. Ya yi soja a Forty Thousand Horsemen a 1940, sannan The Overlanders na 1946, inda ya kora garke ya ratsa arewacin ƙasar gudun kada Japanawa su same shi lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, ya fitar da sunansa har Ingila. Da harkar fim ta mutu a gida cikin shekarun 1950, ya haɗa kai da darakta Lee Robinson suka riƙa shirya nasu, har jari ya ƙare. Daga nan sai ci-rani: Mutiny on the Bounty a 1962, ƙananan fitowa a talabijin ɗin Amurka, har da wani fim na Elvis Presley.

A ganina duk waɗannan share fage ne. Aikinsa na gaske shi ne na ƙarshe, Wake in Fright, wanda aka ɗauka a wannan gari. Ya fito a ɗan sanda mai fara'a da ke ta ɗura wa wani baƙon malamin makaranta giya, karamcin da ba a isa a ce a'a ba. Murmushin nan ne dai da aka san shi da shi shekara talatin, amma a nan tsoro yake ba ka. Na tuna da shi a ɗakin cin abincin masaukina, lokacin da wani dattijo ya ce zai saya mini kwalba. Na ce lemo ya ishe ni. Ya dube ni jim, ya yi dariya, ya saya, muka ɓarke da hirar farashin tumaki.

Washegari na leƙa tsohon masallacin kwano da ke arewacin gari, wanda masu raƙuma daga Afganistan da Indiya suka gina a ƙarshen ƙarni na 19, zamanin da raƙumi ne ke kai kaya ƙauyukan daji. Ɗan ƙarami ne, zafi a ciki ba a magana.

Rafferty bai ga yadda Wake in Fright ya karɓu ba. Ciwon zuciya ya ɗauke shi a Sidni a watan Mayun 1971. Fim ɗin kansa ya ɓace shekaru da dama, sai aka tsinci ainihin kwafinsa a wani sito a Pittsburgh ta Amurka, an riga an ware shi za a lalata, aka gyara shi aka sake haska shi a 2009.