Zhang Yimou, daraktan da ya shuka dawa kafin ya kunna kyamara

A 1987 wani mai ɗaukar hoto ɗan ƙasar Sin ya samu damar ba da umarni a fim ɗinsa na farko. Labarin a cikin gonar dawa yake faruwa, a yankin Gaomi na lardin Shandong. Da ya je duba wuri sai ya tarar manoman can sun daɗe da rage noman dawa, babu faffaɗar gonar da labarin ke so. Shugaban kamfanin fim na Xi'an, Wu Tianming, ya ba shi kuɗi tun kafin a gama sa hannu kan takardu, ya biya manoma suka shuka. Ruwa ya yi ƙaranci, ƙwari suka sauka, dawar ta tsumbure, sai da hukumar gunduma ta taimaka da taki sannan ta miƙe. Fim ɗin, Hong Gaoliang, wato Jar Dawa, shi ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin a 1988, karo na farko da wani fim na Sin ya ci ta.

Wannan mutum shi ne Zhang Yimou, kuma duk aikinsa na fim da na dandamali a kan wannan ɗabi'a ya ginu: ya zaɓi abu ɗaya da idon mai kallo zai riƙe, ya tanade shi watanni kafin ranar aiki. Masu shirya fim da ƴan wasan kwaikwayo na nan Maraɗi za su iya ɗaukar wannan ko da aljihu babu nauyi.

An haife shi a Xi'an a farkon shekarun 1950. Mahaifinsa tsohon hafsa ne a rundunar Kuomintang da ƴan kwaminis suka kayar a 1949, saboda haka gidan ya tashi da tabo a idon hukuma. Lokacin Juyin Al'adu, wani gangamin siyasa na gwamnatin kwaminis ta Sin, aka tura shi ƙauye noma, daga nan ya yi shekara 7 yana aiki a masaƙar auduga a Xianyang. Jininsa ya sayar ya haɗa kuɗin kyamarar hoto ta farko. Da aka sake buɗe makarantar fim ta Bejin a 1978, an ƙi ɗaukarsa don shekarunsa sun wuce ƙa'ida, sai da hotunansa suka kai gaban ministan al'adu sannan aka ba shi gurbi a sashen ɗaukar hoto. Ya gama a 1982. A fim ɗin darakta Chen Kaige na 1984 kan rawayar ƙasar arewacin Sin, Zhang ne ya riƙe kyamara, kuma ya yi abin da malamai ke hanawa: ya tura layin da sama ta haɗu da ƙasa can ƙolin hoto, ƙasa ta cinye kusan duka allon, mutane suka zama ƴan ƙanana a bakinsa. Kafin ɗan wasa ya ce talauci, ido ya riga ya gani.

Batun gona ya fi kusa da mu, don haka bari a daɗe a kansa. Wanda yake son dawa a fim a nan, lissafinsa daga shuka yake farawa, wajen watan Yuni ko farkon Yuli idan damina ta zauna. Iri mai saurin nuna kamar Mota Maraɗi zai ba ka zangarniya da wuri. Janjare ta fi tsawo da ja, sai dai tana ɗaukar lokaci. Tsakanin lokacin da zangarniya ta yi launi da lokacin da mai gona zai sa lauje bai fi mako biyu zuwa uku ba, kuma tsuntsaye ba su san da zaman fim ɗinka ba. Maganin wannan shi ne gona biyu, a shuka ta biyu mako biyu bayan ta farko. A bar layi ɗaya mai faɗin mita ɗaya da rabi babu shuka, don mai kyamara ya bi ba tare da ya karya kara ba. A kuma sayi amfanin gonar tun farko a gaban shaidu, domin mutum goma sha biyar in suka yini a gona sai sun tattake ta, kuma rigimar da ke biyo baya ta fi kuɗin dami tsada. Hasken da ke fito da jan zangarniya na safe ne zuwa ƙarfe tara, da na bayan la'asar. A watan Oktoba rana na faɗuwa da shida da ƴan mintoci, ke nan abin da kake da shi da yamma bai kai awa biyu ba. Rana tsaka kuwa komai fari fat yake fitowa, idanun ɗan wasa su zama ramuka.

A fim ɗinsa Ju Dou na 1990, littafin da aka ɗauko labarin a cikinsa na manoma ne, amma Zhang ya mayar da gidan marina, don ya samu dogayen ƙyallaye ja da rawaya da shuɗi suna saukowa daga sama. A fim ɗin 1991 mai suna Rataya Jar Fitila, wanda masu Faransanci suka sani da Épouses et concubines, labarin mata huɗu ne a gidan attajiri ɗaya. An ɗauke shi a tsohon gidan iyalin Qiao a lardin Shanxi. Duk yamma ana kunna jajayen fitilu a ƙofar matar da maigida zai kwana a ɗakinta, ana yi mata tausar ƙafa da wasu ƴan sanduna masu ƙara, kuma ita ke zaɓen abincin gobe. Wannan al'ada babu ita a littafin, Zhang ne ya ƙirƙiro ta don kishi ya zama abin gani da ji. Fuskar maigidan kuwa ba a taɓa nuna ta kusa ba har fim ya ƙare. A namu fina-finan, kishi yawanci da baki ake yin sa, minti goma na cacar baki a tsakar gida. Ga rabon girki, ga kwanon maigida, ga takalminsa a ƙofar ɗaki, ga ƙarar turmi, duk suna nan kyauta, amma ba kasafai ake sa su su ɗauki labari ba.

Launi yana da nasa tarkon. Ja shi ne farkon launin da ke ɓacewa a ƙananan kyamarori da na waya: yana cika ya malale, ɗinki da lanƙwasar tufa su ɓace. A rage hasken kyamara kaɗan, a kulle ma'aunin fari da hannu, kada a bar shi yana sauyawa da kansa, in ba haka ba rigar da ta fito ja a fitowa ta farko za ta koma ruwan lemo a ta biyu. Baƙin shuni kuma da haske ya ragu baƙi ƙirin yake zama. A gwada kowane yadi a wurin da za a yi ɗauka, a daidai lokacin, a jikin wanda zai sa shi, domin jan ƙyalle kusa da fuska yana watsa mata ja. In mutum ashirin za su sa kaya iri ɗaya, a rina duka a tukunya ɗaya rana ɗaya. A fim ɗin Jarumi na 2002, wanda Jet Li ya fito a ciki, kowane ɓangare na labarin da launinsa. Don fitowar faɗa a cikin rawayan ganye an ajiye mutum a dajin Mongoliya ta Gida, a arewacin Sin, yana jiran ranar da ganyen zai juya, aka kuma tace ganyen aji-aji, mafi kyau don gaban fuskar ƴan wasa. Tafkin da aka yi wata fitowa a kansa kuwa awa biyu kacal yake kwanciya lif a rana, su kaɗai ake ɗauka.

Tsakanin waɗannan ya yi wani juyi da mutane ba su zata ba. Qiu Ju na 1992 labarin mace mai ciki ce da ke bin ofis-ofis tana neman a sa mai garinsu ya ba mijinta haƙuri bayan ya shure shi. Ƙwararrun ƴan wasa kaɗan ne a ciki, kuma an ɗauki yawancin fitowar titi da kyamara a ɓoye, tauraruwar fim ɗin, Gong Li, tana yawo cikin jama'a ba wanda ya gane ta. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Venis, haka ma na 1999 kan yarinya ƴar shekara 13 da aka bar wa makarantar ƙauye, wanda mutanen gari suka fito a ciki da sunayensu na gaskiya. Amma ɓoyayyar kyamara ta jawo ƙara a kotu daga wata mai sana'ar titi da ta ga fuskarta a allo ba da saninta ba. A babbar kasuwar Maraɗi wannan hanya sai da taka-tsantsan: a fara da shugabannin kasuwa da mai unguwa, a nemi yardar duk wanda fuskarsa ta fito sarai, ballantana matar aure. Sauti ma matsala ne. Ƙarar kabu-kabu da injin niƙa za su cinye magana, sai an maƙala ƙaramin makirfo a ƙirjin ɗan wasa, tazarar ɗani ɗaya daga baki, a kuma ɗauki minti ɗaya na hayaniyar wurin zalla don cike giɓi wajen tacewa. Wanda bai taɓa wasa ba kada a ba shi takarda ya haddace, bakinsa zai sandare. A gaya masa abin da yake nema daga abokin maganarsa, a bar shi da kalmominsa.

Da hukuma kuwa zamansu hawa da sauka ne. An hana nuna Ju Dou da Rataya Jar Fitila a Sin na wani lokaci. Fim ɗinsa Huozhe na 1994 ya ci kyauta a bikin fina-finai na Kan a Faransa, a gida aka haramta shi. A 2014 an ci shi tarar yuwan miliyan 7.48 saboda haihuwar ƴaƴa fiye da doka. A 2019 aka janye wani fim ɗinsa daga bikin Berlin dab da nunawa, aka ce matsalar na'ura ce. Duk da haka shi gwamnatin ta damƙa wa bikin buɗe gasar Olamfik har sau biyu, abin da ya sa wasu tsoffin masoyansa ke ganin ya sauka daga layinsa na farko.

Dandamali ya shige shi ta wasan waƙa na Turandot, da ya tsara a Florence ta Italiya a 1997 tare da jagoran makaɗa Zubin Mehta, aka maimaita a harabar tsohuwar fadar sarakunan Bejin a 1998. A 2001 ya mayar da labarin jar fitila wasan rawa. A 2004, shi da Wang Chaoge da Fan Yue suka buɗe wasan dare a kan kogin Li a Yangshuo: ruwa ne dandamali, duwatsu 12 da aka haska su ne bango, ƴan wasa kusan 600, da yawansu masunta da manoman yankin ne da ke zuwa da kwale-kwalensu bayan aikin yini.

Ranar 8 ga Agustan 2008 da ƙarfe takwas na dare, makaɗa 2,008 suka buɗe bikin Olamfik a filin wasa na Bejin, cikin ƴan wasa wajen 15,000. Akwai tubala 897 masu siffar haruffan ɗab'i da ke hawa da sauka kamar igiyar ruwa. Jama'a sun ɗauka inji ne, sai a ƙarshe murafe suka buɗe, kowane da mutum a ciki. Abin da ke haɗa irin wannan taro ƙidaya ce: kowa da lambarsa, da alamar tsayuwarsa a ƙasa, da jerin lambobin da zai motsa a kansu. Ga dalilin da ya sa lasifika ɗaya ba ta isa. Sauti yana tafiyar kusan mita 340 a daƙiƙa, don haka wanda ke nesa da mita 100 yana jin bugu bayan kusan sulusin daƙiƙa, kuma ido yana ganin wannan lattin ƙarara. Ƴan wasan Bejin sun yi amfani da na'urar kunne. Mai tsara wasan ɗalibai ɗari uku a filin kokowa ko filin ƙwallo zai iya sa makaɗa a tsakiya maimakon gefe, ya ɗora mai tuta a wuri mai tudu, domin haske ba ya latti. A raba mutane goma-goma da shugabansu, kowane rukuni ya ƙware shi kaɗai kafin a haɗa, a zuba alamun ƙasa da toka ko farar ƙasa, a yi atisaye na ƙarshe da cikakkun kaya a daidai lokacin da za a yi wasan. Riga mai faɗin hannu da ba a gwada ba ita ke maƙale wa na kusa.

Wannan biki yana da ɓangaren da ba a cika nunawa ba. Yarinyar da aka gani tana rera waƙa bakinta kawai ke motsi, muryar ta wata yarinya ce da aka ɓoye. Sawun ƙafa 29 na tartsatsin wuta da aka nuna a talbijin suna ratsa birnin, kusan duka da kwamfuta aka haɗa hotonsu. Mafi muni, wata fitacciyar mai rawa, Liu Yan, ta faɗo daga dandamali mai tsayin kusan mita 3 a wajen atisaye, ƙafafunta suka shanye. Duk abin da mutum zai hau, a gwada shi da buhunan yashi masu nauyin mutum tukuna, kuma mai tura shi da mai hawansa su ji umarni daga baki ɗaya.

A fim ma girman ya taɓa cinye shi. Wanda ya yi a 2016 kan Babbar Ganuwar Sin tare da Matt Damon ya ci dalar Amurka miliyan 150, ga runduna kala-kala, amma da wuya mai kallo ya tuna damuwar mutum ɗaya a ciki, alhali matar nan ta fim ɗin Qiu Ju da barkononta a bayan keke ba ta fita a rai. Da ya dawo bikin Olamfik na hunturu ranar 4 ga Fabrairun 2022, ya rage ƴan wasa zuwa kusan 3,000, yawancinsu ɗalibai da mutanen gari, kuma maimakon katafaren kasko na wuta sai aka soke ƴar tocilar da kanta a tsakiyar siffar ƙanƙara mai ɗauke da sunayen ƙasashen da suka zo.